Azurfar Goggo Mairama

Rugar Dikko, kusa da Gangara
4 ga Agusta

Zuwa ga taubashina Yasin,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da maigidanka Alhaji Abdurrahaman da sauran mutanen Yamai. Mu nan lafiya lau, sai godiya. Ruwa ya zauna, gero ya kai ƙugu. Yayana Faruku ya yi arewa da garke tun farkon damina, ya bar mana shanu uku na tatsa, ya kuma tafi da wayar gidan, shi ya sa ka ga takarda. Ko da tana nan ma, Goggo Mairama ta ce wannan zance ba na waya ba ne. Rezon waya a nan sai an hau tudun bakin hanya, kuma duk wanda ya hau tudun nan rabin gari ne ke taya shi sauraro.

In ka manta da ni, ni ce Safina jikar Dikko, mai koyar da matan ruga karatun yaƙi da jahilci, wadda ta zuba maka barkono a fura ranar bikin Zahra'u a Tibiri. Kakarka Shatu da kakana Dikko ciki ɗaya suka fito, Goggo Mairama ce autarsu, ita kaɗai ta rage mana. Saboda haka ba roƙonka nake yi ba, aike ne.

Ka san Woɗe? Ina za ka san ta, Bagobiri me ya sani game da saniya in ban da romonta. Woɗe jar saniya ce da mahaifin Goggo ya ba ta ranar sunanta. Ita ta daɗe da mutuwa, amma zuriyarta ba ta yanke a garkenmu ba fiye da shekara saba'in, sai shekarar da ciyawa ta ƙi, aka sayar da ta ƙarshe ga wani manomi a Gangara, Malam Balarabe. Bara ta mutu a hannunsa, ta bar karsana guda. Yanzu zai yi wa ɗansa aure bayan girbi, ya ce karsanar zai sayar, kuma masu lodin shanu zuwa kudu sun riga sun taya. Goggo ta dogara sandarta har ƙofar gidansa. Ya ce saboda girmanta zai jira har ƙarshen Oktoba, jika ɗari uku na sefa, ba ragi.

Da ta dawo sai ta jawo wani ƙullin tsumma daga cikin ƙorenta na jere. Tsofaffin kuɗin azurfa ne guda goma, irin waɗanda ake kitsa wa 'yan mata a gashi a da. Takwas an huda su, biyu ba huda. Shida suna da hoton wata mace mai ƙiba da lulluɓi, a baya tsuntsu mai kai biyu, an rubuta 1780. Huɗu na Faransa ne, biyun da ba a huda ba suna cikinsu. Ɗan Azumi, mai bin kasuwanni yana sayen tsofaffin kaya, ya ɗora su a sikeli ya ce jika sittin duka. Na ce masa abin da ya haura shekara ɗari biyu ai ba a auna shi kamar gishiri. Ya ce, "To malama, ki kai wa wanda ke sayen shekaru."

Innarka Delu ce ta gaya mana cewa shagon da kake aiki irin waɗannan abubuwa yake saye da sayarwa. Ka gaya mini gaskiya, nawa suka kai? Ka aiko amsa tashar Maradi, a ba Rabilu mai motar Gazawa, kowa ya san shi.

Goggo ta ce a gaida angonta, ta ce shekara shida ba ta ga cefane ba.

Taubashiyarka,
Safina

*

Yamai
13 ga Agusta

Zuwa ga Safina mai nono,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta same ni lafiya, sai ɗan mura da ruwan sama ya bar mini. Ban manta da ke ba, harshena ma bai manta ba. Ki gaida amaryata Goggo, ki ce cefane yana hanya, motar ce ta lalace.

Na karanta wa Alhaji takardarki muna shan shayi. Shekara talatin yana wannan sana'a, kuma abin da ya fara cewa shi ne, "Gaya mata tsufa kaɗai ba shi ne daraja ba. Da shi ne, da duwatsun bakin gulbi sun fi komai tsada."

Ki yi haƙuri da abin da zan faɗa game da masu 1780. Matar nan sarauniya ce a wata ƙasar Turai, kuma a wannan shekarar ta rasu. Fatake sun saba da kuɗinta, ba su karɓar wanda aka canza wa ko ɗigo, shi ya sa aka ci gaba da buga shi da lamba ɗaya har zamanin kakanninmu, har bayan nan ma. Miliyoyi ne a duniya. Wanda ke hannunku wataƙila bai girmi Goggo da yawa ba. Azurfarsa mai kyau ce, amma mai tara tsofaffin kuɗi ba ya gudu a kansa.

Bari in yi miki da yaren da kike ji. In an kai saniya kasuwa, mahauci nama yake kallo, makiyayi kuwa iri yake kallo. Ɗan Azumi mahauci ne, nauyi yake saye don maƙeri ya narka. Masu tarawa su ne makiyaya. Suna tambaya, guda nawa aka buga a wannan shekarar, a wane gari, nawa suka tsira daga wutar maƙera? Kuɗi biyu za ki gani kamar tagwaye, amma ɗan harafi guda a ƙarƙashin shekarar ya raba su kamar sama da ƙasa. Bayan iri sai lafiyar jiki. Wanda ya sha hannu har gashin kan hoton ya shafe, ya faɗi. Wanda aka huda kuwa, Alhaji ya ce kamar sa ne da aka karya wa ƙaho, komai asalinsa sai a yi masa kuɗin nama. Kuma duk da haka sai an samu mai so. Abu yana iya yin ƙaranci amma ba wanda ya damu da shi, ya yi ta kwana a akwati.

Saboda haka idona yana kan biyun nan na Faransa da ba a huda ba. Ki ɗora farar takarda a kan kowanne, ki shafa fensir a hankali har hoton ya fito, gaba da baya. Ki duba ƙarƙashin shekarar, akwai harafi da wasu ƙananan alamu a gefensa, ki zana mini su yadda kika gan su. Kada ku sayar wa Ɗan Azumi tukuna.

Abu na ƙarshe kuma mafi muhimmanci: kada ku goge su da toka ko ruwan tsamiya don su yi haske. Baƙin nan da ke jikinsu shi ne shaidar shekarunsu, masu saye suna biya saboda shi.

Naki,
Yasin

*

Rugar Dikko
25 ga Agusta

Zuwa ga Yasin ɗan birni,

Salamu alaikum. Muna lafiya, Allah ya sa murar ta sake ka. An yi mana ruwa kwana biyu a jere, har motar Rabilu ta maƙale a kwari bayan Agye. Ya shiga ruwa har ƙirji yana turi, takardarka tana aljihunsa. Ya miƙo mini ita kamar ganyen rama da aka dafa. Na shanya ta a faifai, kuma Allah ya taimake ni na karanta kusan duka, ƙarshenta ne kawai ruwa ya ci.

Zancen 1780 ya ɓata mini rai, don na riga na fara tafiya kamar matar attajiri. Goggo kuwa dariya ta yi, ta ce ashe matar ma ɓoye shekarunta take yi.

Amma albishirinka. Na ga inda ka ce "mafi muhimmanci", sai tawada ta watse, sai kuma "ku goge su da toka ko ruwan tsamiya don su yi haske." Ba mu yi wasa da shi ba. Ka ce toka ko tsamiya, mu muka haɗa duka biyun, na ƙara da ɗan yashi mai laushi inda baƙin ya yi taurin kai. Kwana uku muna yi, ni da Goggo, a bayan bukka don kada a gani. Yatsuna har sun saɓule. Yasin, in ka gan su yanzu sai ka kare idonka. Goggo ta ga fuskarta a cikin ɗaya, ta ce rabonta da ganin kanta da kyau haka tun tana budurwa.

Ga zanen fensir na biyun na haɗo maka. Yanzu nawa suka ƙaru?

Safina

*

Yamai
2 ga Satumba

Safina,

Salamu alaikum. Ina lafiya, ko in ce ina lafiya kafin in buɗe takardarki.

KADA. KADA. KADA. Na rubuta sau uku don in ruwa ya ci ɗaya, biyu su tsira. Kalmar da kwarin Agye ya haɗiye ke nan. Cewa na yi kada ku goge su.

Da na karanta wa Alhaji wurin yashi, sai ya cire gilashinsa ya ajiye, sannan ya fashe da dariya har yana share hawaye. Ya ce a shekara talatin ya ga masu gogewa da toka, ya ga masu lemun tsami, amma bai taɓa ganin masu himma irinku ba.

Ga abin da ya faru. Hasken da kike gani, in an sa madubin ƙara girma, dubban ƙananan ƙarce ne. Fatar da kuɗin ya fito da ita daga gidan bugu ta tafi, kuma ba ta dawowa. Takwas masu huda ba a yi asarar komai ba, tun farko kuɗin nauyi ne. A cikin biyun, ɗaya gama-gari ne. Ɗayan kuwa, bisa zanenki, da ya ninka kuɗin nauyinsa. Yanzu ya bi 'yan uwansa.

Kada ki zargi kanki, ni ne na aika takarda tsirara a tsakiyar damina. Wannan a leda biyu na naɗe ta. Kuma ki sani, ko a nauyi kaɗai, goman sun fi abin da Ɗan Azumi ya taya sau biyu da wani abu. Sai dai ba zan ɓoye miki ba, hakan rabin kuɗin karsana ne kawai. Ina tunani a kai. Ki lallashi Goggo.

Yasin

*

Rugar Dikko
10 ga Satumba

Zuwa ga taubashina Yasin,

Salamu alaikum. Jiki lafiya. Gero ya fitar da kai, tsuntsaye sun fara damun manoma.

Ranar da takardarka ta zo ban iya cin tuwo ba. Na zauna ina kallon yatsuna, na sha wahala kwana uku don in rage wa tsohuwa dukiyarta. Ka ce in lallashi Goggo, to ita ce ta lallashe ni. Ta sa na karanta mata sau biyu, ina fassara mata inda Hausarka ta yi mata nauyi. Sai ta ce, "Wato baƙin suke so?"

Na ce, "Haka ya ce, Goggo."

"Da wanda ba a huda ba, wanda hannu bai taɓa ba?"

Na ce eh.

Ta murza carbi, sannan ta ce in sako labulen ƙofa. Ta kwance wata tsohuwar laya daga ɗamararta. Tun ina ƙarama nake ganin layar nan, na ɗauka ta tsarin maciji ce. Ta ce ba laya ba ce. Ranar da za a kai ta gidan miji, mahaifinta ya ba ta ita a ɗinke, ya ce shi ma haka ya karɓe ta daga uwarsa, dalar azurfa ce a ciki, kada ta buɗe sai ranar da babu sauran dabara. Ta ce an yi yunwa sau uku a rayuwarta ba ta buɗe ba, don kullum tana ganin akwai ranar da ta fi.

Na ce, "To Goggo, saboda karsana za ki buɗe?"

Ta ce, "Wanda ya ba ni dalar shi ya ba ni saniyar. Daga aljihunsa na dama zan mayar zuwa na hagu."

Na sa reza na yanke ɗinkin. Yasin, baƙa ce ƙirin kamar gindin tukunya, amma rubutunta tar, ko gashin gemun mutumin ana iya ƙirgawa. Wani ƙato ne da fatar zaki a tsaye tsakanin mata biyu. A baya an rubuta 1871, da harafin A a ƙasa. Na fita rana da ita, na ƙura mata ido har hawaye suka zo. Alamar gefe ɗaya kamar ƙugiya take. Ta ɗaya gefen kuwa, kada ka yi dariya, sak ƙafar kaza ce mai yatsu uku.

Ga zanen. Ban goge ba. Ko hura mata iska ban yi ba.

Safina

*

Yamai
17 ga Satumba

Zuwa ga Safina,

Salamu alaikum, da fatan kuna lafiya ke da amaryata. Ni ƙalau.

Ban yi dariya ba. Alhaji ma bai yi ba, tashi ya yi ya ɗauko babban littafinsa ya bar shayinsa ya huce. Yawancin dalolin wannan shekara masu harafin A, ƙudan zuma ne a wurin da kika ga ƙafar kaza. Abin da kika gani, in idonki bai yaudare ki ba, mashi ne mai baki uku. A shekarar an yi wata tarzoma a babban birnin Faransa, mutanen gari suka riƙe shi na 'yan makonni, har da gidan buga kuɗi. Wanda suka ɗora a kan gidan ya sa tasa alamar, wannan mashin. Ba su daɗe ba aka murƙushe su, don haka kaɗan aka buga, kuma ba duka suka tsira ba. Masu tarawa suna nemanta, don ga ƙaranci ga labari. Yadda ta ratso hamada ta shige layar Bafillatana, Allah kaɗai ya sani.

Amma kada ki fara tafiyar matar attajiri tukuna. Abin da ake nema shi ake yi wa jabu. Sai Alhaji ya riƙe ta a hannunsa, ya auna ko ta cika giram ashirin da biyar, ya kusantar da maganaɗisu ya ga ba ta bi ba, ya saurari ƙararta, ya duba ko ba wani gwani ne ya sassaƙa mashin daga baya ba.

Inna Delu za ta zo Yamai ranar ashirin da biyar ga wata ganin jikokinta. Ki kai mata Tibiri hannu da hannu. Ki riƙe dalar ta gefe, ki naɗe ta a auduga, ki haɗo da fatar da aka ɗinke ta a ciki. Ki gaya wa Goggo amanarta tana wuyana.

Yasin

*

Rugar Dikko
14 ga Oktoba

Yasin,

Salamu alaikum. Muna lafiya. Kai ne ba mu san halin da kake ciki ba.

Yau kwana ashirin da ɗaya da na danƙa wa Inna Delu dalar a tsakar gidanku, ta soke ta a lalitarta a gabana. Tun daga nan shiru. Sau huɗu ina zuwa Gazawa, har Rabilu ya fara kawar da kai in ya hango ni, don kunyar ce mini babu.

An gama yankan gero. Masu lodin shanu sun ƙara wa Malam Balarabe jika goma. Yau ya aiko a tuna mana cewa saura kwana goma sha bakwai. Faruku ya dawo da garke, ya ji labari, kuma ba zan rubuta maka abin da ya ce game da mutanen birni ba. Ɗan Azumi ma ya ji ƙishin-ƙishin, ya tare ni a kasuwa ya ce, "Malama, an ce kin aika kaza Yamai da ƙafa ɗaya, ta dawo kuwa?"

Na ce zan hau tudu in kira ka. Goggo ta hana. Ta ce jikan Shatu ba ya cin amana, in ya yi shiru to bakinsa cike yake da aiki. Ni ban kai ta haƙuri ba. In jabu ce, ka faɗa. In ta ɓace, ka faɗa. In kuwa wani abu ne daban, ka tuna tsohuwar nan ta ratsa yunwa uku ba ta buɗe fatar nan ba, sai da ta ji maganarka.

Safina

*

Yamai
19 ga Oktoba

Zuwa ga taubashiyata Safina,

Salamu alaikum. Ina lafiya, kuma takardarki ta yi zafi, amma ban ga laifinki ba.

Na rubuto miki tun ran biyu ga wata. Kuskurena, Gangara kawai na rubuta a bayan takardar, ban sa sunan Rabilu ba, kuma aka yi rashin sa'a sabon ma'aikaci ne a tasha. Ya wuce da ita Damagaram, daga can aka miƙa ta Gangara ta ƙasar Tanut. Shekaranjiya wani malamin lakol, wato makaranta, ya kira lambar da ke jiki, ya ce sun tambayi duk Safinar da ke garin, har da wata jaririya, ba wadda ta san Goggo Mairama.

Ga abin da ke cikinta, da abin da ya biyo baya. Dalar gaskiya ce. Alhaji ya yi mata duk gwajin da na faɗa, ya ƙara da nasa. Da ya sa mata madubi sai na ji yana salati a hankali. Ya ce fatar ce ta baƙanta ta, fatar ce kuma ta tsare ta, don da alama ba ta daɗe tana yawo a kasuwa ba aka ɗinke ta.

Na ɗauki hotonta na tura wa mutanen da muke hulɗa da su. Wani a Faransa ya taya. Ni na ce a sallama, don ina tuna kwanakinku, amma Alhaji ya ce, "Mai saye ɗaya ciniki ne, masu saye biyu kasuwa ce. Jira." Sai ga wata likita 'yar nan Yamai, mai tara kuɗaɗen da suka yi yawo a ƙasarmu. Ta ga fatar, ta tambayi labarinta, na karanta mata takardarki ta wancan watan. Kwana tara suna ja-in-ja ita da Bafaranshen. A ƙarshe ta ce dalar da ta kwana a ƙugun matan ƙasar nan shekaru masu yawa ba za ta sake ƙetare teku ba, ta ɗora abin da ya kasa. Ta roƙi a bar mata fatar, a kuma rubuta mata sunan Goggo da na mahaifinta.

Bayan Alhaji ya cire ladansa, abin da ya rage ya isa karsana har da ɗan canji. Kuɗin suna jiranki a buron aika kuɗi na Gazawa. Ki je da takardar shaidarki, lambar tana bayan wannan shafi. A bayan wannan wasiƙa kuwa na rubuta Gangara ta Gazawa, ta jihar Maradi, ta hannun Rabilu, mai tsoron Safina.

Yasin

*

Rugar Dikko
29 ga Oktoba

Zuwa ga ɗan uwana Yasin,

Salamu alaikum. Muna lafiya, muna cikin farin ciki, Allah ya sa kai ma haka. Kafin komai, ka yafe mini takardar da ta wuce. Faruku ma ya ce a ba ka haƙuri, ko da yake ƙasa yake kallo sa'ad da ya faɗa.

Na karɓo kuɗin ranar da takardarka ta iso. Washegari da hantsi muka ɗora Goggo a amalanken jaki zuwa gidan Malam Balarabe. Mun tarar da masu lodin shanu zaune a ƙofar gida, motarsu tana bakin hanya. Sun ƙara masa har jika ashirin. Ya dube su, ya dubi Goggo, ya ce, "Na ba tsohuwa magana, kuma wata bai ƙare ba." Allah ya yi wa mutumin nan albarka.

Aka fito da karsanar. Ja ce kamar garwashi, da ɗan fari a goshi. Goggo ta sauko ba tare da an riƙe ta ba, ta shafa farin nan, ta ce haka na Woɗe yake, ko karkacewar iri ɗaya. Ta juya mana baya na ɗan lokaci, mu ma muka yi kamar muna duba igiya.

Sannan ta gyara murya ta yi mata kiran da ake yi wa shanunmu da Fillanci, kiran da in ta yi shi garke guda ke ɗago kai. Karsana ko kunne ba ta kaɗa ba. Ta sake, shiru. Matar Malam Balarabe ta leƙo ta ce, "Ai ba ta jin wannan, Goggo. Sai an ce taho, taho, an kaɗa mata kwanon dusa." Goggo ta riƙe baki ta ce, "La ilaha illallahu! Jikar Woɗe ta zama Bahaushiya." Duk wurin aka kwashe da dariya, har masu lodin da suka yi asara. Haka muka taho gida, Goggo a bayan amalanke tana kaɗa kwano tana cewa taho, taho, karsana tana bin ta. Ta ce kafin sanyi ya wuce za ta mayar da ita lakol ta koyi yaren gidansu.

Daloli goman nan masu ƙyalli ba a sayar ba. Goggo ta ce tunda ni na lalata su, ni zan ɗauki nauyinsu a kaina, ta sa an kitsa mini shida jiya. Wuyana yana ciwo, amma matan ajinmu sun kasa karatu don kallo.

Yanzu ga saƙon Goggo. Tana zaune kusa da ni, ta ce in rubuta yadda ta faɗa, kada in gyara:

"Angona, Malam Balarabe ya ce karsanar tana da ciki wata biyu. Abin da ta fara haifa naka ne, mace ko namiji. Shatu ta tafi gidan manoma ba a ba ta saniya ba, don mahaifinmu yana fushi da auren. Abin ya daɗe yana damuna. Yanzu jikanta zai samu. Za ta yi kiwo cikin namu, ba sai ka sayi ciyawa ba. Amma a wurinmu ba a raɗa wa maraƙi suna sai mai shi yana tsaye. In ba ka zo ba, haka zai girma ana ce masa kai."

Na lissafa maka, haihuwar za ta faɗo wajen ƙarshen Mayu. Ka nemi izinin Alhaji tun yanzu.

'Yar uwarka,
Safina